Gaisuwa da Gulma a Wasan Ban Dariya na Zaman Iyali

Wasannin kwaikwayon Hausa da suka taɓo zaman iyali, irin su Jatau Na Kyallu na Shu'aibu Maƙarfi (1960) da Uwar Gulma na Mohammed Sada (1968), a tsakar gida rikicinsu yake tashi, kuma baki ne makaminsa, wato habaici da gulma da baƙar magana.

Ba Hausawa kaɗai suka bi wannan hanya ba. A Japan, kamfanin Shochiku ya shahara da finafinan ban dariya a kan iyalan masu ƙaramin ƙarfi. Alal misali, a cikin Ohayo na Yasujiro Ozu (1959), ma'ana "Ina kwana", yara biyu sun matsa a saya musu talabijin. Uban ya kwaɓe su cewa sun cika surutu, babban ya mayar masa cewa ai gaishe-gaishen manya su ne surutun banza. Daga nan suka kame bakinsu. Da suka wuce wata maƙwabciya ba su amsa gaisuwarta ba, sai matan unguwa suka ɗauka uwarsu ce ke gaba da su, gulma ta kankama.

Mai kallo a Jega ko Aliero ko Maiyama ba ya bukatar a yi masa sharhin wannan wuri, domin a nan ma in yaro ya ƙi gaida babba, gidansu ake fara tuhuma. Abin da zai ɗaure masa kai, a ganina, shi ne ɗan da ya iya mayar wa ubansa magana ido da ido.