Yadda ake haɗa sabon kare da na gida ba tare da faɗa ba

A unguwannin Minna irin su Tunga, Bosso da Maitumbi, gidaje da dama na ajiye karnuka domin gadi. Matsala takan taso ne ranar da aka kawo sabo, domin karen gida na ɗaukar harabar a matsayin mallakinsa, sai ya tarbi baƙo da haƙora. Sau da yawa mai rabon faɗan ne ke shan cizo.

Matakin farko shi ne keɓe sabon karen na kimanin mako 2, likitan dabbobi ya duba shi, a raba shi da kaska da tsutsar ciki. Wajibi ne a tabbatar an yi wa karnukan biyu allurar rigakafin ciwon haukan kare, wadda ake fara yi daga wata 3 da haihuwa. Cibiyar Binciken Lafiyar Dabbobi ta Ƙasa da ke Vom a Jihar Filato na samar da wannan rigakafi. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta cewa cutar na kashe kimanin mutum 59,000 duk shekara, akasari a Afirka da Asiya, kuma kusan dukkansu ta hanyar kare suke kamuwa.

Haɗuwar farko ta kasance a wajen gida, a filin da babu wanda ya saba da shi a cikinsu, da sanyin safiya ko na yamma. Mutum biyu ake buƙata, kowa riƙe da igiyar kare ɗaya ba tare da ya ɗaure ta tamau ba. Sai su yi tafiya gefe da gefe da tazara a tsakani, suna rage ta sannu a hankali. Idan karnukan sun natsu, a bar su su shinshini juna na ɗan lokaci, sannan a janye su.

Sandarewar jiki, tashin gashin gadon baya, ƙura ido da gurnani alamu ne na cewa faɗa ya kusa, don haka a ƙara tazara nan take. Kaɗa wutsiya kaɗai ba shaidar aminci ba ce.

Bayan an shiga gida, kowane kare ya samu kwanonsa da makwancinsa, domin abinci da ƙashi na cikin manyan abubuwan da ke haddasa rikici. Kada a bar su su kaɗai, ko tare da yara, sai sun saba.

Idan faɗa ya ɓarke, kada a sa hannu a tsakani. A watsa musu ruwa ko a shiga tsakaninsu da faifan katako. Wanda aka ciza ya wanke raunin da sabulu da ruwa na tsawon minti 15, sannan ya garzaya asibiti a ranar, kome ƙanƙantar cizon.