Bashin Haraji Bayan an Sayar da Gida: Wa Zai Biya?

Wani ɗan kasuwa daga Illela, garin da ke bakin iyaka daura da Birnin Ƙwanni, ya kawo mana wata mas'ala. Ya sayi shago bayan rufe iyakar da aka yi a watan Afrilu na 1984 Miladiyya ko makamancin irin wadda aka yi daga 2019 zuwa Disamba 2020, lokacin da ciniki ya ja baya, sai ga takardar hukuma tana neman kuɗin ƙasa na shekarun da suka wuce, alhali mai sayarwa ya tsallaka Nijar.

To, a shari'a bashi yana rataye ne a wuyan wanda ya ci shi, ba ya komawa kan wani sai ta hanyar hawala ko lamuni, da yarda. Gaskiya ne harajin ƙasa yana bin ƙasar duk inda ta koma, kamar yadda aka yi da ƙasar Iraƙi tun zamanin Sayyidina Umar, kuma Alƙali Abu Yusuf ya yi bayaninsa a littafin da ya rubuta wa Haruna Rashid. Amma muna ganin abin da ya riga ya wajaba kafin ciniki hakki ne a kan mai sayarwa. In ya ɓoye shi, ya ɓoye aibi, kuma malaman Malikiyya sun ba mai saye zaɓin mayar da abin da aka ɓoye masa aibinsa.

Ta fuskar dokar ƙasa kuwa, Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta ce ba a sayar da filin da ke da takardar mallaka sai da amincewar Gwamna, kuma yana da ikon soke takardar in aka saɓa sharuɗɗanta, ciki har da biyan kuɗin ƙasa. Watau hukuma filin take kallo. Saboda haka shawararmu ga mai saye ita ce ya biya don ya tsare dukiyarsa, ya riƙe rasit, sa'an nan ya nemi hakkinsa wajen mai sayarwa, ta sulhu ko a gaban alƙali.

Haka hukuncin yake a gādo. Ayoyi na 11 da 12 na Suratun Nisa'i sun gabatar da biyan bashi a kan rabo, don haka a fitar da harajin gidan mamaci tukuna.

'Yan'uwa 'yan kasuwa, ku nemi rasit na ƙarshe kafin ku miƙa kuɗi, ku rubuta a gaban shaidu. Ma'aikatan haraji kuma, ku riƙa tuni a kan lokaci, kada ku bari bashi ya taru ya faɗa kan wanda bai ci ba. Allah Ya raba mu da hakkin wani, amin.