Dadasaheb Phalke: Yadda tsiron wake ya samar wa Indiya fim ɗinta na farko

A kyamarar yawancin wayoyin yau akwai tsarin da ke ɗaukar hoto jefi-jefi, ya haɗe su, sai ka ga abin da ya ɗauki awanni ya wuce cikin daƙiƙoƙi. Shi ake kira tayim-lafs. Fiye da shekara 110 da suka wuce, da wannan dabarar wani ɗan Indiya ya shawo kan masu kuɗi, har aka samu fim ɗin da ake ɗauka a matsayin tushen masana'antar finafinan ƙasar.

Sunansa Dhundiraj Govind Phalke, amma an fi saninsa da Dadasaheb Phalke. An haife shi a 1870 a garin Trimbak. Ya koyi zane a Bombay, wato Mumbai ta yanzu, ya yi sana'ar ɗaukar hoto, sannan ya buɗe maɗaba'a. Wani fim ɗin Turawa da ya kalla a sinima ne ya sa ya ƙudiri aniyar nuna labaran ƙasarsa a majigi.

A 1912 ya ci bashi ya tafi Landan. A can ya ziyarci ɗakin shirya fim na Cecil Hepworth, ya ga yadda ake ɗauka da wanke fim, ya kuma sayi kyamara ƙirar Williamson.

Matsalar da ta rage ita ce jari. Babu mai son zuba kuɗinsa a sana'ar da bai taɓa ganin ɗan ƙasa ya yi ba. Maimakon dogon bayani, sai Phalke ya shuka wani nau'in wake a tukunya, ya kafa kyamara a gabanta, kullum yana ɗauka kaɗan-kaɗan fiye da wata guda. Da aka haska, mutane suka ga iri ya tsiro ya miƙe a gaban idonsu. Gani ya kori ji, aka ba shi rance.

Da kuɗin ya shirya Raja Harishchandra, fim marar magana mai tsawon kusan minti 40, wanda aka fara nuna wa jama'a a Bombay ranar 3 ga Mayu, 1913. Shi ya rubuta, ya ba da umarni, ya tace, ya kuma koya wa Trymbak Telang riƙe kyamara, wadda da hannu ake juya ta. Matarsa Saraswatibai ke haɗa sinadaran wanke fim, tana kuma dafa wa ma'aikata abinci. Da aka rasa macen da za ta yarda ta fito, wani saurayi mai aiki a gidan abinci, Anna Salunke, ya fito a matsayin sarauniya.

A fim ɗin Lanka Dahan na 1917, Salunke ya fito a matsayin miji da mata a labari guda, kuma fim ɗin ya yi kasuwa sosai.

Sai dai fasahar da ta ɗaga shi ba ta tsaya jiransa ba. A 1931 aka fitar da Alam Ara, fim ɗin Indiya na farko mai sauti, 'yan kallo suka koma wajen waƙa da magana. Phalke ya yi fim mai sauti guda ɗaya tak, Gangavataran, a 1937. Ya rasu a Nashik a 1944 cikin rashi. Yawancin finafinansa sun salwanta, ko Raja Harishchandra wani ɓangare kawai ya rage.

A 1969 gwamnatin Indiya ta ƙirƙiro lambar yabo mafi girma a harkar fim da sunansa.

Ga mai neman tallafi domin manhaja ko gajeren fim, hanyar Phalke na nan daram: fara haɗa ƙaramin abu mai aiki, ka nuna shi, sannan ka yi maganar kuɗi. Idan kuma kayan aiki suka sauya, kada ka jira sai kasuwa ta watse kafin ka koyi sabon.