Kafin ka biya naira 100,000 na fasfo, fara duba yadda aka rubuta sunanka a NIN

Daga ranar 1 ga Satumba, 2025, fasfon Najeriya mai shafi 32 na shekara biyar ya koma naira 100,000, mai shafi 64 na shekara goma kuma naira 200,000. Shekara guda kafin nan kuɗin naira 50,000 ne da 100,000, kafin wannan kuma 35,000 da 70,000. Wato cikin shekara biyu farashin ya kusa ninkawa sau uku. Idan abu ya kai wannan tsada, bai kamata mutum ya danna maɓallin biya da ka ba.

Yawancinmu har yanzu kallon littafi muke yi wa fasfo: koren bango, hoto, tambarin ECOWAS. A wajen na'ura kuwa, littafin kwafi ne kawai na wani layin bayanai da ke ajiye a rumbun gwamnati. Tun da Hukumar Shige da Fice ta buɗe sabon shafinta na neman fasfo a watan Janairun 2024, ƙarƙashin Ministan Harkokin Cikin Gida Olubunmi Tunji-Ojo, wannan layin bayanai daga NIN yake fitowa. Kana shiga passport.immigration.gov.ng ka sa lambarka mai alƙaluma 11, shafin ya tambayi rumbun hukumar NIMC, sai ya dawo maka da suna da ranar haihuwa. Ba kai kake rubuta su ba. Abin da aka shigar ranar da ka bi layin yin katin ɗan ƙasa, ko ranar da ake rububin haɗa layin waya da NIN a ƙarshen 2020, shi za a buga maka.

Harafi ɗaya, mutum biyu

Duk wanda ya taɓa rubuta manhaja ya san cewa kwamfuta ba ta san uzuri ba wajen kwatanta rubutu. Muhammad da Mohammed a wajenta kalmomi biyu ne, kamar yadda doya da dawa suke biyu. Mu kuwa mutanen Arewa mun fi kowa shiga wannan tarko. Suna ɗaya ana rubuta shi Muhammad, Muhammed, Mohammed, Muhammadu, wani ma ya gajarce shi Mohd. Ga A'isha, Aisha, Aishatu, Aishat. Ga Abdurrahman da Abdulrahman da Abdul Rahman mai tazara a tsakiya.

Sannan ga batun sunan ƙarshe. Fom ɗin an gina shi ne bisa tunanin cewa kowane gida yana da suna guda da ake gada. A wajenmu mutum a firamare sunan mahaifinsa aka sa masa, a sakandare aka ƙara sunan garinsu, a banki ya sa na kakansa. Babu ƙarya a ko ɗaya, duk shi ne. Amma idan tsohon fasfo ya ce sunan ƙarshe na mahaifi ne, NIN kuma ta ce na gari ne, to sabuntawa ta tsaya. Sai dai ka gyara ɗaya ya bi ɗaya.

Wanne za a gyara? A ganina, idan kana da tsohon fasfo da ka taɓa yin biza da shi, NIN ɗin ce ya kamata ta bi fasfon, domin ofisoshin jakadanci sun riga sun san ka da wancan rubutun, da zanen yatsunka a jikinsa. Canza bayanai a ɓangaren fasfo hanya ce daban mai tsawo, da takardar rantsuwa daga kotu da sanarwa a jarida. NIMC kuwa tana da shafin gyara da kanka ta waya. Gyaran suna ba shi da tsada sosai, amma gyaran ranar haihuwa ya haura naira 28,000 tun watan Mayun 2025, kuma ba abu ne da ake bari mutum ya yi ta maimaitawa ba. Masu "1 ga Janairu" da aka cike musu don a sallame su daga layi, su yi tunani tun yanzu. Bayan an gyara ma, kada ka garzaya shafin fasfo a ranar. Rumbuna biyu ne na hukumomi biyu, don haka sai ka ga sabon rubutun ya fito a shafin fasfon da idonka sannan ka ci gaba.

Wanda ya manta lambarsa zai iya danna *346# a layin da ya yi rajista da shi.

Layuka biyun nan na ƙasan hoto

Buɗe shafin hotonka ka dubi ƙasa. Akwai layi biyu na manyan haruffa da alƙaluma da alamar < birjik. Ana kiran wurin MRZ, kuma shi ne abin da na'urar filin jirgi ke fara karantawa. Tsarinsa ba na Najeriya ba ne, na hukumar sufurin jiragen sama ta duniya ne, ICAO, a cikin kundinta mai lamba 9303. Kowane layi gurbi 44 ne cif.

Layin farko yana farawa da P, alamar fasfo, sai NGA, sai sunan ƙarshe, sai << biyu, sai sauran sunaye. Gurbi 39 kawai aka ware wa suna gaba ɗaya, don haka mai dogayen sunaye huɗu zai iya ganin an datse na ƙarshe. Wannan ba kuskure ba ne, ƙa'ida ce. Haka kuma haruffan A zuwa Z da alƙaluma 0 zuwa 9 da alamar < kaɗai aka yarda da su. Babu ƙ, babu ɗ, babu ɓ. Ɗanladi zai zama DANLADI. Alamar alhamza ma jefar da ita ake yi a haɗe sunan: Asma'u ta koma ASMAU, Isma'il ya koma ISMAIL. Wannan yana da amfani a lokacin sayen tikitin jirgi ko cike fom ɗin biza. Idan shafi ya ƙi karɓar alhamza, ko kana shakkar yadda za ka rubuta, kwafi abin da ke layin nan harafi da harafi.

Layi na biyu shi ya fi burge ni. Yana ɗauke da lambar fasfo, ƙasa, ranar haihuwa, jinsi da ranar ƙarewa, kuma bayan kowace muhimmiyar lamba akwai alƙalami guda na tantancewa. Lissafin mai sauƙi ne, za ka iya yi a bayan takarda. Ana ninka alƙaluman da 7, 3, 1, 7, 3, 1 a jere, a tara, a ɗauki alƙalamin ƙarshe na jimillar. Ɗauki ranar haihuwa 15 ga Maris, 1998, wadda ake rubutawa 980315. Tara sau bakwai 63, takwas sau uku 24, sifili, uku sau bakwai 21, ɗaya sau uku 3, biyar sau ɗaya 5. Jimilla 116. Don haka za ka ga 9803156, shidan ƙarshe ita ce mai gadi. Idan datti ya sa na'ura ta karanta 5 a matsayin 6, jimilla ta zama 117, ba ta dace da shidan ba, sai ta ce a sake sa fasfon. Gwada da naka, zai fito daidai.

Abin da ke ɓoye cikin littafin

Najeriya ta fara ba da fasfo mai ƙwaƙwalwar lantarki a 2007, sannan a Janairun 2019 aka ƙaddamar da ingantaccen samfuri mai shafin bayanai na roba mai tauri, wanda ya zo da zaɓin shekara goma. Ƙaramar alamar nan mai kusurwa huɗu da da'ira a tsakiya da ke jikin bango ita ke nuna akwai ƙwaƙwalwa a ciki. Ba ta da batir. Akwai siririn zaren eriya da ya kewaye ta, wanda ke samun wuta daga na'urar da aka kusanto da ita, a kan zangon 13.56 MHz. Wannan shi ne zangon NFC da ke cikin wayoyi da katunan banki na taɓawa.

Ma'ana, idan wayarka tana da NFC za ka iya karanta fasfonka a ɗaki. Akwai manhajoji irin su ReadID Me a Android da iPhone. Za ta fara neman ka haska layin MRZ da kyamara, sannan ka ɗora wayar a kan littafin ka bar ta daƙiƙu kaɗan ba motsi. Dalilin fara haska layin shi ne ƙwaƙwalwar a kulle take, mabuɗin kuma ana ƙera shi ne daga lambar fasfo da ranar haihuwa da ranar ƙarewa. Wanda ya goge ka a cikin cunkoson tasha da na'ura a aljihu ba zai karanci komai ba, tunda bai ga shafin ba. Idan ta buɗe za ka ga hotonka da bayananka. Zanen yatsu kuwa, a fasfunan da ke ɗauke da shi, yana bayan wani ƙarin makulli da wayar gama-gari ba ta buɗewa.

Bayanan ciki duk suna ɗauke da sa hannun lantarki na ƙasar da ta ba da fasfon. Idan aka canza ko harafi ɗaya, sa hannun ya lalace, na'urar kowace ƙasa mai mabuɗin tantancewa za ta gane. Shi ya sa duk wanda ya ce maka yana da mutum a ciki da zai "gyara" maka suna a littafin da aka riga aka buga, kuɗinka kawai yake so. Babu gyara sai sabon littafi, sabon littafi kuma sabon biya.

Wannan gwajin na waya yana da amfani kafin tafiya, musamman ga fasfon da ya sha lanƙwasa a aljihun baya ko ya jiƙe da ruwan sama. Ƙofofin lantarki da aka fara girkawa a filayen jiragenmu a 2024 da ƙwaƙwalwar suke aiki, suna kwatanta hoton ciki da fuskar da ke tsaye a gabansu.

Kyamarar wayarka na iya zama matsala

Sabon tsarin yana ba ka damar ɗora hoto da takardu da kanka: takardar haihuwa ta Hukumar Ƙidaya ko takardar rantsuwar shekaru, takardar shaidar ƙaramar hukuma, da wasiƙar amincewar iyaye ga wanda bai kai 18 ba. Shafin yana duba hoton da kansa, kuma a nan mutane da yawa ke maƙalewa.

Wayoyi da yawa da ke hannunmu suna zuwa da tsarin gyaran fuska a kunne, musamman a kyamarar gaba. Yana goge tabo, ya haska fata, wani ma ya siranta haɓa. A hoton Sallah babu laifi. A hoton da za a auna tazarar idanu da hanci da shi, ɓarna ce. Kashe shi, ka ba wani ya ɗauke ka da kyamarar baya, daga ɗan nesa, a jikin farin bango, da hasken rana daga gaba ba daga bayanka ba. Kada a turo maka hoton ta WhatsApp a matsayin hoto, domin yana matse shi. A turo a matsayin fayil. Hijabi ba ya hana komai muddin fuska a buɗe take daga goshi zuwa haɓa, kuma inuwarsa ba ta faɗo kan kumatu ba. Ga mata kuma, ranar zuwa ofis ɗaukar yatsu ba ranar sabon lalle ba ce, baƙin lalle mai kauri kan iya rikita na'urar.

Hukumar ta kuma fito da hanyar sabuntawa ba tare da zuwa ofis ba, inda manhajar waya ke ɗaukar fuska da yatsu ta kyamara ta kwatanta da tsohon bayani. An fara da 'yan Najeriya mazauna Kanada a Nuwamban 2024, aka faɗaɗa zuwa Turai a farkon 2025. Ga wanda a da sai ya hau jirgi zuwa wani birni don a ɗauki yatsunsa na minti biyar, ba ƙaramin sauƙi ba ne. Sai dai na manya ne masu sabuntawa, ba na mai nema karon farko ba, kuma ɗaukar layukan yatsa da kyamara yana son waya mai kyau da haske mai kyau. Yatsun birkila ko manomi da suka goge da aiki, ko na'urar ofis wahalarsu take sha.

Idan sai ka je kafe

Ba kowa ke da kwamfuta ko haƙurin cike fom ba, kuma masu kafe suna taimako sosai. Amma akwai abu biyu da bai kamata ka bari ba. Kada a sa adireshin imel ko lambar wayar mai shagon a madadin naka, domin can saƙon ranar zuwa ofis da na karɓa za su tafi, kuma da su ake dawo da kalmar sirri. Sannan ka tsaya ka dubi adireshin shafin da idonka. Dole ya ƙare da immigration.gov.ng kafin alamar / ta farko. Shafin da ya sa waɗannan kalmomi a farko ya ƙare da wani abu daban, ko wanda ya ce ka tura kuɗi asusun wani mutum, ba na gwamnati ba ne ko da tambarinsa ya fi na gaske kyau. Kafin ka tashi, ka sa a goge hotunan takardunka daga kwamfutar shagon. NIN da ranar haihuwa da shafin fasfo a wuri guda sun ishi ɓata-gari ya yi shigar burtu da sunanka. Masu sa hoton sabon fasfo a sitatus don murna ma su rufe layukan ƙasa da lambar sama.

Maniyyata aikin Hajji da Umara su ƙara lura da ranar ƙarewa. Saudiyya, kamar ƙasashe da yawa, tana neman fasfo ya kasance da sauran aƙalla wata shida, don haka wanda zai ƙare wata huɗu bayan ranar tafiya tamkar ya riga ya ƙare ne. Idan ka haɗa lokacin gyaran NIN, da jiran gyaran ya bayyana a shafin fasfo, da ranar da za a ba ka ta zuwa ofis, da makonnin bugawa, to mai niyyar Umarar azumi ya fara duba bayanansa tun watan Rabi'ul Awwal.