Duwatsu masu "girgiza": mece ce gaskiyar maganin da ake tallatawa?

A 'yan shekarun nan, a WhatsApp da Facebook da tarurrukan masu kasuwancin kawo-mutum-a-ba-ka-kaso, ana tallar sarƙoƙi da awarwaro da faifan gilashi waɗanda ake cewa an yi su da duwatsun kiristal. Garin kan iyaka irin Gaya, da ke tsakanin Malanvil ta Benin da Kamba ta Najeriya, ba ya rasa ganin kowane sabon kaya. Bayanin masu tallar kusan iri ɗaya ne: wai kowane abu a duniya yana da girgizarsa, jikin ɗan Adam ma haka, cuta tana kama mutum idan girgizar ta karkace, dutsen kuma yana daidaita ta, kamar yadda mai goge ke ɗaure tsirkiya kafin ya fara kiɗa.

Mene ne kiristal?

Kiristal shi ne duk abin da ƙwayoyinsa suka jeru a tsari ɗaya mai maimaita kansa. Gishirin Foga da ake dafawa a ƙasar Gaya kiristal ne, haka ma sukari. Wanda aka fi ambata a tallar shi ne farin dutsen ƙanƙara da masana ke kira kwarts. Tsakiyar da iyayenmu mata ke ado da ita danginsa ce, kuma an daɗe ana kawo ta Afirka ta Yamma daga Kambay ta Indiya da Idar-Obashtain ta Jamus. Kwarts ba abu ne mai wuyar samu ba, domin yawancin rairayin da ake takawa a bakin kogin Isa shi ne.

Inda maganar take da tushe

A 1880, a birnin Paris, wasu 'yan'uwa biyu, Pierre da Jacques Curie, sun gano cewa idan aka matse kwarts yana fitar da 'yar wutar lantarki. Ba da jimawa ba aka tabbatar da akasin haka: idan aka ba shi lantarki, yana motsi. Da wannan ne aka ƙera agogon kwarts na farko a Amurka a 1927, sannan kamfanin Seiko na Japan ya fitar da na hannu a 1969. A cikin agogon batir akwai ɗan yankan kwarts da ke girgiza sau 32,768 a daƙiƙa ɗaya. Na'urar agogon tana raba wannan adadi biyu har sau 15, sai ya koma bugu ɗaya a daƙiƙa.

Likitoci ma suna amfani da wannan ilimi. Na'urar da ake duba cikin mace mai juna biyu da ita tana aika sautin da kunne ba ya ji, ta karɓi amsawarsa ta mayar da shi hoto.

Inda maganar ta kauce

A agogo da na'urar asibiti, lantarki ne ke sa dutsen girgiza. A cire batir, agogo ya tsaya. Dutsen da aka rataya a wuya ba a haɗa shi da komai ba, saboda haka ba ya aika wa jiki wani abu. Kuma jiki ba shi da girgiza ɗaya da za a daidaita. Zuciyar baligi tana bugawa sau 60 zuwa 100 a minti, numfashi yana da nasa saurin. Zazzaɓin cizon sauro, wanda ke addabar Gaya saboda tana cikin yankunan Nijar da suka fi samun ruwan sama, ƙwayar cuta ce da sauro ke sakawa a jini, ba ruwanta da sauti.

To, me ya sa wasu ke rantsuwa sun ji sauƙi? A 2001, Christopher French, masanin halayyar ɗan Adam a kwalejin Goldsmiths ta Landan, ya gabatar da gwajin da ya yi da mutum 80. An ba wasu kwarts na gaske, wasu na jabu, ba tare da sun sani ba. Masu na jabun sun ba da labarin ɗumi da tsikar jiki kamar masu na gaske. Abin da mutum ya sa rai zai ji, sau da yawa yana jin sa, amma wannan ba ya sauke hawan jini ko sukarin da ke cikinsa.

Haɗarin da ke ciki

Babban haɗarin shi ne mai hawan jini ko ciwon sukari ya ajiye maganinsa. Hawan jini yakan daɗe bai nuna alama ba, sai dai a wayi gari da shanyewar ɓarin jiki. Wasu kayan kuma su kansu suna da illa. A watan Disamba na 2021, hukumar kula da nukiliya ta Holan ta gargaɗi jama'a kan kaya iri 10, har da sarƙoƙi da awarwaron da ake cewa suna kare lafiya, bayan awo ya nuna suna fitar da tururi mai guba irin na ma'adinan nukiliya, wanda zai iya cutar da fata idan an daɗe ana sawa.

Ba laifi mutum ya sayi tsakiya ko zobe don ado. Amma wanda aka ce masa dutse zai warkar da shi, ya tambayi mai tallar wace hukumar magunguna ce ta gwada kayan, ya nemi ganin takardar. Idan aka ce sai ya kawo wasu mutane kafin kuɗinsa su fito, ya san ribar daga aljihun 'yan'uwansa za ta fito. Mara lafiya kuma kada ya daina shan maganin da likita ya rubuta masa sai ya koma asibiti an auna shi.