An Kori Shinkafa, Sukari Ya Shigo Ta Miya

Da iskar hunturu ta fara kaɗawa sai a dinga tura wa juna bidiyon girkin rage ƙiba a waya. Wanda ake yayi yanzu shi ne farfesun kaza ja wur da kimchi na Koriya, an tuttula masa madarar kwakwa irin ta Indunusiya, ba shinkafa ba taliya. Har akwai masu rantsuwa cewa 'yan Koriya ba sa teɓa ne don ba sa cin shinkafa.

Wannan magana ba ta da tushe. Da wuya ka ga tebur a Seoul babu kwanon farar shinkafa a gaban kowa, haka ma a Jakarta. Ita kanta Indomie da yaranmu ke kuka a kanta daga Indunusiya ta samo asali, kuma garin alkama ce. Girkin da ake yaɗawa sabon haɗi ne na masu rage sitaci, ba gadon kowa ba. Indunusiya ma ba ta san ɗari ba, don tana kan tsakiyar duniya inda zafi da ruwan sama ke yi duk shekara. Koriya ce ta san sanyin da ruwa ke daskarewa, shi ya sa iyalai ke taruwa a ƙarshen kaka su haɗa kimchin da zai kai su bazara, al'adar da suke kira kimjang, wadda UNESCO ta sa a jerin al'adun duniya a 2013.

Haɗin yana da kyau, ban ƙi ba. Kimchi kabeji ne da aka bari ya tsima da gishiri, barkono, tafarnuwa da citta har ya yi tsami. Tempe na tsibirin Java waken suya ne da wata farar fumfuna ta ɗinke shi ya zama curi, ana yanka shi a soya. Giram 100 nasa na da furotin kusan giram 20, sitacinsa bai kai giram 10 ba, alhali dafaffiyar farar shinkafa mai wannan nauyi na da kusan giram 28. Doenjang kuwa, markaɗen waken suya da 'yan Koriya ke kaɗa miya da shi, ɗan uwan daddawarmu ne a wari da aiki. Ki soya albasa da kurkum da citta, ki zuba kimchi har ruwansa ya ja ya fara kama gindin tukunya, ki sa kaza da romo, sai a ƙarshe madarar kwakwa ta bi, a rage wuta kada ta tsinke. Kwano ɗaya da daddare zai sa mutum gumi.

Inda ake tafka kuskure shi ne kwalabe biyu da kusan kowane bidiyo ke nunawa. Na farko gochujang, jan markaɗen barkonon Koriya. Da shinkafa mai danƙo ake yin sa, kuma yawancin na kanti an ƙara masa ruwan sukari, shi ya sa yake sheƙi yana zaƙi. Na biyu kecap manis na Indunusiya, baƙin ruwan waken suya da aka dafa da sukari har ya yi kauri yana bin cokali. Mai girki za ta kori shinkafa da alfahari, sannan ta zuba cokali uku na wannan, uku na wancan. An gudu ba a tsira ba. Kamar mai ciwon suga ne ya ce wa mai shayi kada ya sa masa sukari, amma ya cika kofin da madarar gwangwani mai zaƙi. Jiki ba ruwansa da ko sitacin ya zo a ƙwaya ko a narke cikin miya, duk sukari yake mayar da shi a jini. Garin barkono zalla da sambal na attaruhu da aka daka a gida za su ba da yajin ba tare da zaƙin ba.

Sai gishiri. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce kada babba ya wuce giram 5 a yini, wato ƙasa da ƙaramin cokali. Kimchi da doenjang duka gishiri ne ke riƙe su, mu kuma hannunmu ya saba jefa dunƙulen magi. Mai hawan jini ya lura. Abin takaici, irin waɗannan kwalabe na shigowa manyan kantuna wasu da rubutun da mai saye ba ya iya karantawa.

Tsarin keto mai tsanani, wanda ke tsayar da mutum ƙasa da giram 50 na sitaci a yini, likitoci ne suka ƙirƙiro shi a Amurka a 1921 don masu farfaɗiya, kuma da sa ido ake yin sa. Duk wanda ke allurar insulin ko shan ƙwayar rage suga, ya yanke sitaci rana ɗaya bai rage magani ba, sugansa na iya faɗuwa har ya suma. Idan kana cikinsu, je ka ga likitanka kafin ka ɗora wannan tukunya.