Branko Lustig: Kusan Shekara Arba'in na Koyon Aiki Kafin Oscar

Kyautar Oscar ta fim mafi kyau ba darakta ake miƙa wa ba, furodusa ake kira. Branko Lustig, ɗan ƙasar Kuroshiya da aka haifa a garin Osijek a 1932, ya karɓe ta har sau biyu: a 1994 saboda Schindler's List, sai a 2001 saboda Gladiator. Masu ba da labarinsa sun fi tsayawa a kan yarintarsa, kuma da dalili. Bayahude ne, yana yaro 'yan Nazi suka tsare shi a sansanonin Auschwitz da Bergen-Belsen, dangi da yawa suka halaka, shi ya tsira. Amma abin da ya kai shi dandamalin Oscar sana'a ce da ya koya sannu a hankali, kuma ita ce ba a cika ambata ba.

A 1955 ya shiga kamfanin Jadran Film da ke Zagreb, lokacin ƙasar tana cikin Yugoslabiya. Kamfanonin ƙasashen Yamma sukan zo can ɗaukar fim saboda araha da wadatar ma'aikata, kuma dole a samu wanda zai nemo wurin ɗauka, ya tara ɗaruruwan mutanen da za su cika fage, ya shawo kan hukuma, ya tabbatar abinci da motoci sun iso kafin rana ta yi, kuɗi kuma bai ƙare a tsakiyar aiki ba. Wannan aikin Lustig ya yi. Ya yi shi a Fiddler on the Roof a 1971, da Sophie's Choice a 1982, da shirin talabijin War and Remembrance. Sai a ƙarshen shekarun 1980, yana da shekara hamsin da ɗoriya, ya koma Amurka.

Wani zai ce Steven Spielberg, daraktan Schindler's List, ya ɗauke shi ne don tarihinsa, tunda fim ɗin a kan kisan ƙare dangin da aka yi wa Yahudawa ne. Babu musu tarihin ya taimaka, domin wanda ya zauna a sansani ya fi kowa sanin yadda ya kamata ya kasance a hoto. Sai dai tausayi ba ya tsara ɗaukar fim a Krakow cikin sanyin hunturu. Ballantana Gladiator, labarin tsohuwar daular Rum da aka ɗauka a Ingila da Maroko da Malta, wanda ba abin da ya haɗa shi da rayuwar Lustig. Daraktan Gladiator ɗin kuwa, Ridley Scott, ya sake aiki da shi a Black Hawk Down da Kingdom of Heaven, kuma ba a damƙa wa mutum miliyoyin daloli don jin ƙai.

Ƙorafin da ya fi nauyi shi ne cewa ƙwarewar tasa baƙi ta fi amfana, ba finafinan ƙasarsa ba. Akwai gaskiya a nan, duk da ya yi aiki a finafinan gida ma. Ya miƙa Oscar ɗinsa na farko ga cibiyar Yad Vashem ta tunawa da kisan ƙare dangin Yahudawa a 2015, ya rasu a Zagreb a watan Nuwamba 2019.